Tari a Minti na Sha Ɗaya

A Ancud, can arewacin tsibirin Chiloé,
inda ruwan sama ba ya sallama kafin ya shigo,
akwai ɗakin nunin zane mai taga uku
da bokiti ɗaya a ƙarƙashin yoyo.

Eliana Barría ce mai riƙon mabuɗi.
Shekara tara tana goge gilashin zane guda:
mata biyar sun duƙa a gonar dankali,
ƙasa baƙa wuluk, gyale ja, sama kamar tokar murhu.
Bakinsu a rufe, su duka.
Nibaldo mai zanen ya ba su manyan hannuwa,
ya hana su harshe.

Sai aka rushe wata tsohuwar makaranta a Quemchi,
aka tsinci kwalin takalmi cike da kaset.
A jikin ɗaya, rubutun malami, tawada ta koɗe:
"Tonon dankali, kaka, saba'in da ɗaya."
Ba sunan kowa. Ba sunan gona.

Dare huɗu tana saurare.
Iska ta cinye rabin maganar.
Sauran rabin, fartanya ce da dariya,
wata na rera wani abu, ta manta, ta koma farko,
haushin kare daga nesa,
sai tari, busasshe,
biyu a jere, ɗaya a baya.

Ta ce, da babu gara ba daɗi.
Ta kafa ƙusa gefen zanen, ta rataye abin sa wa a kunne,
ta rubuta a ɗan kati:
"Ba mu san ko su ba ne."

'Yan makaranta suka zo suka yi rububinsa.
Wata baƙuwa daga Santiago ta ce ƙasar zanen ta fara wari,
warin jiƙa, irin na bayan ruwa.

Baldomero Cheuquepil kuwa ba kallo ya kawo shi ba.
Ruwa ne ya koro shi wata Laraba,
rigarsa na ƙarnin kifi da hayaƙi.
Kujerar da ya samu tana gaban zanen,
abin kunnen na lilo a saitin hancinsa,
sai ya saka, don kada a ce zaman banza yake.

Minti goma, ko gezau.
A na sha ɗaya ya miƙe tsaye.
"Mai da shi baya."
Ta mayar.
"Ƙara."

"Uwata ce. Eduvina.
Hayaƙin murhu ya bar mata wannan tarin.
Da shi nake sanin ta iso ƙofa,
in ɓoye abin da nake ɓarna."

Eliana ta nuna zanen, hannunta na rawa:
"Wacce ce a cikinsu?"

Ya daɗe yana duba.
Bokiti ya ɗiga, ya sake ɗiga.
"Ba ta nan.
Ba ta taɓa ɗaura jan gyale ba, ta ce na masu neman a gan su ne.
Waɗannan matan Dalcahue ne,
dubi yadda suka saɓa kwando."

Ta kai hannu za ta cire wayar daga ƙusa.
"Bar ta," in ji shi.
"Ko hotonta ɗaya ba mu da shi,
gobarar tamanin da biyu ta tafi da akwatin.
Ga waccan ta ƙarshe, da ta juya mana baya:
ita ba ta da fuska,
tawa ba ta da jiki.
Su yi ta aron juna, ai haka mata ke yi a gona,
yau fartanyarki, gobe gishirina."

Katin yana nan, ba a canza shi ba,
sai layi ɗaya da aka ƙara da fensir, a karkace:
"Mai tarin, mun san ta."

Kowace Laraba yana zuwa, ko rana ta fito.
Ba ya jin waƙar, ya ce mai rerawar ba ta iya ba.
Yana zama, hula a gwiwa,
ya ƙura wa bayan matar Dalcahue ido,
yana jiran uwarsa ta iso ƙofa.